Kurakuran Da Ke Mai Da Na'urar Gano Alƙiblar Rediyo Maƙaryaciya a Jirgin Ruwa

Na'urar gano alƙiblar rediyo, wadda matuƙa ke kira RDF, abu ɗaya tak ta iya: ta nuna maka layin da muryar wata tashar rediyo ke biyowa zuwa wurinka. Ba ta san nisa ba, ba ta san inda jirginka yake ba, kuma in ba an taimaka mata ba, ko gabanta da bayanta ba ta rarrabewa. Kusan duk ɓarnar da ake yi da ita daga manta wannan take farawa.

An daɗe da daina tilasta wa manyan jirage ɗaukar ta, GPS kuma ya sa masu ƙananan jirage suka tura ta ƙasan akwati. To amma yau ana toshe siginar GPS, ko a ruɗa ta, a Tekun Baltik da Bahar Aswad da Tekun Fasha. Shi ya sa nake ganin wanda ke da wannan na'ura a jirginsa bai kamata ya bar ta tana tara ƙura ba. Sai dai wadda aka ɗaura ba daidai ba ta fi babu haɗari, domin za ka yarda da ita.

Kuskuren farko a wurin ɗaurawa ake yin sa, kuma mai laifin shi ne jirgin kansa. Duk wani ƙarfe da ke jikinsa, daga gangar jirgin, doguwar sandar tsakiya, wayoyin da ke riƙe da ita, har shingen waya na gefe, yana kama siginar tashar ya sake watsa ta. Eriyarka sai ta ji murya biyu, ta ainihi da ta amsa-kuwwa, ta nuna maka wani layi a tsakaninsu. Wannan karkata ba ɗaya take ba a kowane ɓangare. Idan tashar tana gaba sak, ko baya sak, ko daidai gefe, kuskuren kan yi ƙasa. Ya fi tsanani idan tana a kusurwa, wajen digiri 45, 135, 225 da 315 daga hancin jirgi. Wannan ne ke yaudarar mutane: mutum ya gwada na'urarsa da tashar da ke gabansa, ya ga ta yi daidai, ya ce ai shi ke nan.

Gyaran shi ne a ɗora eriya a kan layin tsakiyar jirgi, sama gwargwadon iko, nesa da sauran eriyoyi da manyan ƙarafa. A tabbata sifilin ma'auninta yana kallon hancin jirgi daidai, domin digiri biyu da aka karkace ranar ɗaurawa za su bi kowane awo har ranar da aka kwance. Sannan a nemi duk wayar da ta zagayo ta haɗe da kanta ta zama zobe. Shingen gefe da ya kewaye jirgi kaf shi ne ya fi yin wannan, kuma zoben ƙarfe eriya ce ta biyu da ba ka saya ba. Ana yanke zoben ta hanyar sa abin da ba ya ɗaukar lantarki a wuri guda, ko da igiya ce mai ƙarfi a maimakon maƙalin ƙarfe. Idan na'urarka ta hannu ce, zaɓi wuri ɗaya a jirgi ka riƙa tsayawa nan kullum. Kuma ka raba ta da lasifika da duk abin da ke da maganaɗisu, saboda ƙaramin kamfas ɗin da ke kanta.

Akwai kuma hayaniyar lantarki. Abin cajin batir na inji, infata, fitilun LED masu arha da firiji duk suna iya cika zangon rediyon da ƙara. Kunna na'urar, ka riƙa kashe su ɗaya bayan ɗaya har ka gane mai surutun. Wani lokaci maganin bai wuce kashe shi na minti biyun da kake ɗaukar awo ba.

Ko an ɗaura ta da kyau, sauran karkata ba ta ƙarewa. Sai an auna ta an rubuta, kuma a nan ne mafi yawan masu jirgi ke yin kasala. Aikin ba shi da wuya. Ka sami rana mai haske, ka je inda kake ganin hasumiyar tashar da idonka, amma ba dab da ita ba, kamar mil uku zuwa biyar. Ka riƙa juya jirgi a hankali. A kowane digiri 15 ko makamancin haka, mutum ɗaya ya ɗauki alƙiblar hasumiyar da ido, wani ya ɗauka da rediyo, a lokaci guda. Bambancin da ke tsakaninsu shi ne gyaranka na wannan kusurwa. Gani ya kori ji, don haka awon ido shi ne alƙali. Rubuta jadawalin, ka manna shi kusa da na'urar, ka sa kwanan wata. Ranar da ka ƙara sabuwar eriya, ko ka ɗora faifan sola da ƙafafunsa na ƙarfe, ko ka sauya wayoyin sandar, tsohon jadawali ya tashi aiki. Haka nan gyaran da ka samu a zangon kilohaz 300 ba lallai ya yi daidai da tashar da ke kilohaz 1,200 ba. Ni dai ban ɗauki RDF da ba ta da wannan takarda a matsayin kayan tuƙi ba.

Sabon shiga kan juya eriya yana neman inda muryar ta fi ƙarfi. Ba haka ake yi ba. Wurin ƙarfin yana da faɗi, kana iya juyawa digiri 20 kunnenka bai ji bambanci ba. Abin nema shi ne wurin da muryar ta mutu, domin shi ne siriri. A eriya mai sandar ferit, wato baƙar sandar nan da aka naɗe da waya a cikin rediyo, shirun yana zuwa ne lokacin da tsinin sandar ya nuna tashar. A eriya mai siffar zobe kuwa, sai fuskar zoben ta kalli tashar, kamar kana leƙa ta ta cikinsa. Yawancin rediyoyi suna da da'irar lantarki da ke ƙara murya da kanta idan sigina ta yi rauni, kuma wannan da'ira tana cike shirun da kake nema. Kashe ta idan akwai maɓallinta, in babu ka rage ƙarfin karɓa. Idan shirun ya yi faɗi, lura da inda muryar ta ɓace da inda ta dawo, ka ɗauki tsakiya. Ka yi sau uku ko biyar. Jirgi yana rawa a kan ruwa, awo ɗaya bai isa shaida ba.

Shirun nan guda biyu ne, kowanne yana kallon kishiyar ɗayan, digiri 180 a tsakaninsu. Don warware wannan ne ake ƙara wata miƙaƙƙiyar eriya wadda idan ka danna maɓallinta take nuna ɓangaren da tashar take. Mutane biyu ke kuskure a nan: wanda ba ya danna ta sam, da wanda ke barin ta a kunne yana ɗaukar awo da ita, alhali shirunta ba shi da kaifi. Ka ɗauki layi tukuna, sannan ka danna don sanin ɓangare, ka saki.

Mafi munin lamarin shi ne mutum ya zaɓi ɓangaren da ya dace da abin da ya riga ya ƙudurta a ransa. Ranar 8 ga Satumba 1923, ayarin jiragen yaƙin Amurka 14 ya taso daga San Faransisko zuwa San Diyego yana gudun mil 20 na teku a awa, cikin duhu da hazo. Tashar rediyo ta Point Arguello ta ba su alƙiblar da ke nuna ba su wuce tsinin ƙasar da tashar take a kai ba tukuna, wanda sai sun wuce shi ya kamata su karya gabas. Masu tuƙin jirgin gaba, USS Delphy, sun fi yarda da lissafinsu na gudu da lokaci, wanda ya ce sun wuce. Suka ɗauka tashar ta ba su kishiyar layin ne, suka karya gabas. Jirage bakwai suka hau duwatsun Honda Point, mutum 23 suka mutu. Rediyon ya faɗi gaskiya a daren. Idan na'ura da lissafinka suka saɓa, rage gudu, auna zurfin ruwa, nemi shaida ta uku kafin ka juya kan jirgi zuwa ƙasa.

Sai batun wace tasha ce ma kake sauraro. Tasoshin nuna hanya na teku suna tsakanin kilohaz 283.5 da 325, kuma kowacce tana faɗin sunanta da haruffan Mos, wato gajeru da dogayen sautuka da ake rubutawa da ɗigo da ja. Ba sai ka haddace Mos ba, rubuta ɗigo da ja na tashar da kake nema ka saurara har sau biyu kafin ka taɓa eriya. Ƙasashe da yawa sun rufe waɗannan tasoshi, wasu an mai da su na aika gyaran GPS, saboda haka tsohon littafin tasoshi zai iya sa ka neman muryar da ta daɗe da mutuwa. Tasoshin nuna hanya na jiragen sama da ke kusa da gaɓa suna da amfani, haka ma gidajen rediyo na matsakaicin zango. Amma da gidan rediyo akwai tarko: ɗakin watsa shirye-shirye yana cikin gari, hasumiyar kuwa tana iya kasancewa mil da yawa daga can. Wurin hasumiyar kake buƙata a taswira, ba sunan garin ba.

Da rana, wani sashe na ƙasa-ƙasa a sararin samaniya yana shanye siginar da ta yi sama, sai wadda ta biyo doron ruwa kawai ta iso ka. Da dare wannan sashe yana ɓacewa, sigina ta daki na samansa ta dawo, ta cakuɗe da ta ƙasa. Za ka ji shirun yana yawo, ko ya ƙi mutuwa gaba ɗaya. Ya fi muni wajen awa ɗaya kafin faɗuwar rana da fitowarta da awa ɗaya bayansu. A irin wannan lokaci kada ka dogara da tashar da ta wuce mil 25 zuwa 30. Gaɓar teku ma tana lanƙwasa sigina, domin ta fi sauri kaɗan a kan ruwan gishiri fiye da kan ƙasa. Idan layin ya ratsa gaɓa a tsaye, ba matsala. Idan ya biyo ta kusan a kwance, ko ya tsallako tsaunuka, nemi wata tashar.

Lissafi ma yana cin mutane, musamman wanda ya gaji. Na'urar da ke ɗaure tana auna kusurwa ne daga hancin jirgi, ba daga arewa ba. Sai ka sa gyaran jadawalinka, ka haɗa da alƙiblar da jirgi ke fuskanta a daidai lokacin awon, bayan ka gyara karkatar kamfas da bambancin arewar maganaɗisu da arewa ta gaskiya. Idan jirgi yana kan 040 na gaskiya, na'ura ta ba da 075 bayan gyara, tashar tana kan 115. In jimlar ta wuce 360, cire 360. A taswira kuwa daga tashar za ka ja layi zuwa wajenka, wato 295. Kada ka yi amfani da alƙiblar da aka ce mai tuƙi ya bi. Ka ce masa "yanzu", shi kuma ya karanto abin da kamfas ke nunawa a wannan daƙiƙa.

Kuskuren digiri ɗaya a nisan mil 60 mil ɗaya ne a kan ruwa, ƙaramin jirgi kuwa da wuya ya yi awon da bai kauce digiri uku zuwa biyar ba. Don haka abin da ka ja a taswira ba layi ba ne, yanki ne da ke ƙara faɗi da nisa. Nemi tasoshi uku, kuma kada layukan su haɗu a kusurwar da ta gaza digiri 30. Idan sun bar ɗan alwatika a tsakiya, ɗauka kana kusurwarsa da ta fi kusa da haɗari. Ga tasha mai nisa sosai akwai wani ƙaramin gyara, domin sigina tana bin gajeriyar hanya a kan ƙwallon duniya, wadda a taswirar Makato, irin wadda matuƙa ke amfani da ita, ba miƙaƙƙiya ba ce. Ƙasa da mil 50 ana iya ƙyale shi.

Bin sigina kai tsaye zuwa tasha yana da sauƙi, shi ya sa yake da haɗari. Idan igiyar ruwa ko iska na tura ka gefe, kai kuma kana ta mai da hancin jirgi kan tashar, ba miƙaƙƙiyar hanya kake bi ba, baka kake zanawa, kuma cikin bakan na iya faɗawa kan duwatsun da miƙaƙƙen layi ya kauce wa. Lura da kamfas: in alƙiblar tana sauyawa a hankali, ana jan ka, sai ka karkata hanci zuwa inda turin ke fitowa. Kuma ka tuna na'urar ba ta ce maka ka iso. Ranar 15 ga Mayu 1934, jirgin Olympic, ɗan'uwan Titanic, yana bin siginar jirgin fitila na Nantucket, wato jirgin da aka girke wuri guda a teku don nuna hanya, cikin hazo, ya bi ta daidai har ya daki jirgin fitilar ya nutsar da shi. Bakwai daga cikin ma'aikatansa 11 suka rasu. Ka saita hanyarka ta wuce gefen tashar da tazara, ba ta kanta ba.

Irin RDF da ta fi yawa a jiragen ceto yanzu ta zangon VHF ce, mai eriyoyi da yawa a da'ira, tana nuna alƙibla a allo. Da ita ake neman jirgin da ke kiran agaji a tasha ta 16, megahaz 156.8, ko na'urar neman ceto da ke fitar da siginar jagora a megahaz 121.5. Allon bai kawar da tsofaffin matsalolin ba. Eriyar tana bukatar ƙololuwar sanda, ba abin da ya tare ta, kuma alamar gabanta ta kalli hancin jirgi. A cikin tashar jiragen ruwa ko ƙarƙashin tsauni, sigina tana dukan gini da manyan jirage ta dawo, allon ya nuna maka bango a maimakon mai kira. Siginar mutumin da ke cikin ruwa kuwa tana ɓacewa duk lokacin da igiya ta rufe shi, don haka sai ka jira ka tara awo da yawa kafin ka juya. Ba a fafe gora ranar tafiya: sa wani ya ɗauki rediyon hannu a ƙaramin kwalekwale, a tashar aiki ba ta 16 ba, ya zagaya jirginka daga nesa yana magana, kai kuma kana kwatanta allon da abin da idonka ke gani, kana rubuta bambancin a kowace kusurwa.