Yadda za ka rage nauyin hoton wasan kwamfuta kafin ka kunna shi

Wani wasan da ka kunna shi sai kwamfuta ta fara nishi, hoto ya riƙa tsinkewa, har ka kasa isa wurin saituna. Irin wannan daga waje ake gyara shi.

Da farko rufe burauza da duk manhajar da ba ka buƙata. In laftof ce, jona caja, domin a kan batir takan rage ƙarfinta.

Sai ka nemo fayil ɗin saitunan wasan. Galibi yana cikin Documents, a jakar My Games, ko cikin AppData, sunansa yana ƙarewa da .ini ko .cfg. Kwafe shi ka ajiye gefe kafin ka taɓa komai. Kada ka tsallake wannan, don Allah.

Buɗe fayil ɗin da Notepad, manhajar rubutu ta Windows. Girman hoto shi ne babban abu: in ka ga 1920 da 1080, mayar da su 1280 da 720. Ɗigogin da katin hoto zai zana sun sauko daga sama da miliyan 2 zuwa 921,600, ƙasa da rabi ke nan. Daga nan nemi layin da ke ɗauke da Shadow, inuwa na cin ƙarfi sosai, rage lambarsa zuwa 0 ko 1. Haka ma AntiAliasing, mai sa gefunan abubuwa su yi santsi a hoto. Texture kuwa, wato zanen da ke jikin abubuwan cikin wasan, bar shi, sai dai in ma'adanar katinka ƙarama ce.

Lambobi kaɗai za ka canza, kada ka goge alamar =. Adana, ka kunna wasan. In ya tafi sumul, ƙara saitunan ɗaya bayan ɗaya daga cikin wasan.