Kurakuran da muke yi da jam'iyyun siyasa a zangunan Kumasi

Babban kuskurenmu a Aboabo, Sawaba da Asawase shi ne ɗaukar ranar 7 ga Disamba, ranar babban zaɓen Ghana, a matsayin ranar da ake yin siyasa. Kafin wannan rana an riga an gama rabin aiki. Sunan da za ka gani a takardar ƙuri'a, wakilan jam'iyya ne suka fitar da shi a zaɓen fidda gwani, su kuma yawancin wakilan nan shugabannin ƙananan rassa ne na unguwa, waɗanda aka zaɓa a tarukan da mu ba ma zuwa. A mazaɓa irin Asawase, inda jam'iyyar NDC ke lashe kujerar majalisa tun 2004, ko Manhyia ta Arewa da ta Kudu inda jam'iyyar NPP ta yi kaka-gida, wanda ya ci fidda gwani kusan ya ci zaɓe. Gyaran ba shi da wuya: in kana son jam'iyya, ka yanki katinta, ka biya kuɗin wata, ka zauna a taron reshe ko da a kan benci ne a ƙofar makaranta bayan sallar La'asar. Mata da 'yan kasuwa su ne suka fi rashin zuwa, kuma su ne suka fi buƙatar a ji muryarsu a kan kwata da rumfunan kasuwa.

Sai kuma riƙe jam'iyya kamar gadon gida. Dattawa suna tuna korar baƙi ta 1969 a zamanin Firaminista Busia, wadda ta tarwatsa gidaje da yawa a zango, kuma ba wanda ya isa ya ce musu su manta. Amma ƙuri'ar da kowa ya san inda za ta faɗa, ba mai wahala a kanta: wannan ɓangare ya ɗauke ta tamkar tasa ce, wancan ya fid da rai. Ku tambayi giwar NPP da lemar NDC tambaya iri ɗaya. Asusun raya zango da aka kafa a 2017, me ya gina a unguwarku? Wanda ya soki asusun, me ya kawo madadinsa?

Mutane da yawa kuma suna zaton dole ne babban yatsa ya faɗa wuri ɗaya a takardun biyu. Ba haka ba ne. Takardar shugaban ƙasa daban, ta ɗan majalisa daban. Shugaban ƙasa sai ya samu fiye da rabin ƙuri'un da ba su lalace ba, in ba haka ba a je zagaye na biyu, kamar yadda aka yi a 2000 da 2008. Ɗan majalisa kuwa ko da ƙuri'a ɗaya ya fi na bayansa, ya wuce, irin tsarin Ingila. Wannan ne ya sa ƙananan jam'iyyu irin CPP suke shan wahala a nan, alhali a Jamus, inda ake raba kujeru gwargwadon ƙuri'u, jam'iyyar da ta kai kashi 5 cikin 100 tana shiga majalisa. Kujera ɗaya ma tana da nauyi: a 2020 NPP da NDC kowacce ta samu 137, ɗan takara mai zaman kansa na Fomena ne ya karkata majalisar. A kula da tawada kuma. A zagayen farko na 2008 an soke ƙuri'u sama da 200,000, sannan Atta Mills ya ci zagaye na biyu da tazarar wajen 40,000. Ka dangwala a gurbin ɗan takara ɗaya, ka goge yatsa, sannan ka naɗe takarda.

Lokaci-lokaci wani zai taso ya ce mu kafa jam'iyyar Musulmi. An taɓa yi a shekarun 1950, dokar 1957 ta haramta irinta, kuma sashe na 55 na kundin tsarin mulkin 1992 ya hana kafa jam'iyya a kan addini, ƙabila ko yanki. Aliu Mahama da Mahamudu Bawumia ta cikin babbar jam'iyya suka kai kujerar mataimakin shugaban ƙasa.

Zaɓen wakilin unguwa a majalisar gunduma kuwa ba na jam'iyya ba ne, doka ta hana su tsayar da ɗan takara. Duk da haka ranar wannan zaɓe layi ba kowa, alhali shi ne mutumin da ya fi kusa da shararka da fitilar layinka.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne samarinmu da ake kwasa a mota su zama 'yan banga. Bayan harbe-harben zaɓen cike gurbi na Ayawaso West Wuogon a 2019, majalisa ta yi doka a wannan shekarar, mai ɗaurin aƙalla shekara 10 ga mai shiga irin waɗannan ƙungiyoyi. Saurayin da ke son yi wa jam'iyyarsa aiki, ya nemi a sa shi wakilinta a rumfar zaɓe. Zai tsaya a ƙirga ƙuri'u a gabansa, ya sa hannu a takardar sakamako, ya karɓi kwafinsa ya kai ofishin mazaɓa.