Kura da shan bugu: kurakuran da ke cinye mawaƙiyar ƙungiya, da gyaransu

A farkon 1996 'yan mata uku na ƙungiyar mawaƙa ta TLC a Amurka suka karɓi lambar yabo ta Grammy har biyu a dare ɗaya. Da suka koma bayan fage wurin 'yan jarida, kofuna a hannu, an sha kwalliya, sai ɗayarsu, Chilli, ta shaida wa duniya cewa ba su da ko sisi. Wasu suka zaci raha take yi. Ashe tun a Yulin 1995 sun riga sun je kotu sun bayyana cewa sun karye, da bashin dala miliyan 3.5 a wuyansu, a daidai lokacin da kundin waƙoƙinsu na biyu yake kan hanyar wuce kwafi miliyan 10 a Amurka kaɗai.

Na daɗe ina bin labarin matan da suka yi waƙa a ƙungiya, daga Detroit zuwa Landan zuwa Koriya ta Kudu, kuma abin da na lura shi ne murya ba ta cika kayar da su ba. Takarda ce ke kayar da su. Yarinya tana shigowa da zuciyar ƙawance, wanda ya miƙo mata biro kuwa lissafin kasuwa ya kawo shi. Daga nan sauran kurakuran suke tsirowa.

Na farko shi ne barin mutum ɗaya ya zama mai saye, ya zama dillali, ya kuma zama shaida. Manajar TLC ita ce Perri Reid, wadda aka fi sani da Pebbles. Kamfaninta, Pebbitone, shi ke riƙe da yarjejeniyarsu, mijinta L.A. Reid kuma yana cikin mamallaka LaFace, kamfanin da ke fitar da waƙoƙin. To wa zai zauna ya yi wa 'yan matan ciniki da wa? Ita dai Pebbles ta sha musanta cewa ta cuce su, kuma ba shari'arta nake yi ba. Ko waliyyiya ce, zaman bai yi ba. Haka abin yake a ƙungiyar Destiny's Child ta Houston a Amurka, mai 'yan mata huɗu, inda manaja Mathew Knowles shi ne mahaifin Beyoncé, Kelly Rowland kuma a gidansa ta tashi. Sauran biyun, LeToya Luckett da LaTavia Roberson, sun aika da takarda a ƙarshen 1999 cewa suna son nasu manajan daban. A Fabrairun 2000 bidiyon waƙar "Say My Name" ya fito: muryoyinsu suna ciki, amma fuskokin Michelle Williams da Farrah Franklin ne a wurinsu. A talabijin suka ga sallamarsu.

Gyaran ba wani mai wuya ba ne, kunya ce kawai ke hana shi. Ki nemi lauyan da ke ce za ki biya shi, wanda bai taɓa cin abincin kamfanin ba, ya karanta miki takardar layi-layi kafin ki taɓa biro. In an ce ai lauyan kamfani zai duba muku kyauta, ki yi godiya ki ƙi. In manaja uban ɗayarku ne ko mijinta ko saurayinta, a rubuta tun ran gini yadda za a yanke hukuncin cire mutum ko ƙaro wani, da ƙuri'a nawa ake buƙata.

Kuskure na biyu ya fi kowanne daɗin aikatawa: ɗaukar kafin alƙalami a matsayin kyauta. Mota, otal, tufafi, mai gyaran gashi, kwanakin situdiyo, bidiyo mai tsada, duk kamfani ne ke biya da fara'a, kuma duk ana rubutawa a littafin bashinki. Left Eye, ta ukun TLC, ta taɓa zama gaban kyamara ta yi lissafin da bakinta. Kasonsu a kowane kundi da aka sayar santi 56 ne, wato ɗan sama da rabin dala. A kwafi miliyan 10 ya kama dala miliyan 5.6. Kamfani ya fara zare abin da ya kashe a situdiyo da bidiyo. Manaja ta ɗauki nata, lauya da akanta su ɗauki nasu, hukumar haraji ta yanki rabonta mai tsoka, sannan abin da ya saura a kasa uku. Ga kuma na asibiti, don ɗayarsu, T-Boz, tana fama da sikila, ga ɓarnar gidan saurayin Left Eye da ita Left Eye ɗin ta cinna wa wuta a 1994. Kafin ka ce kwabo an koma bin bashi.

Don haka tambayar da za ki yi ba "nawa za a ba ni yau?" ba ce. Ki tambayi me da me za a cire kafin kasona ya fara zuwa, wa ke da ikon cewa a kashe kaza a bidiyo, sau nawa a shekara za a kawo mini lissafi a rubuce, kuma ko ina da damar kawo akantana ya binciki littafin. In an ɗaure fuska saboda wannan tambaya ta ƙarshe, kin sami amsar sauran.

Sai batun suna, kuma a nan zan ɗan daɗe, don labarin Florence Ballard ta ƙungiyar Supremes ba ya barina.

Ita ce ƙashin bayan haɗa ƙungiyar tun 1959, lokacin suna 'yan makaranta a unguwar talakawa ta Brewster-Douglass a Detroit, ana kiransu Primettes. Ita ta jawo ƙawarta Mary Wilson, Diana Ross ta biyo baya. Da za su sa hannu da kamfanin Motown a Janairun 1961 aka ce su sake suna, aka miƙo jerin sunaye, Florence ce ta zaɓi Supremes. Muryarta ta fi ta kowa ƙarfi a cikinsu, wannan ko maƙiyinta ya yarda. Amma mai kamfanin, Berry Gordy, ya ga siririyar muryar Diana ita za ta fi shiga gidajen rediyon fararen fata, sai ya tsayar da ita a gaba. Florence ta wayi gari 'yar amshi a ƙungiyar da ta kafa. Mu ma mun san wannan zaman: kowa ya san sunan Barmani Choge, amma mutum nawa ne zai iya kawo sunan mace ɗaya cikin masu kaɗa mata ƙwarya suna amsawa? Baƙin ciki ya sa Florence ta faɗa shan giya, ta fara saɓa alƙawarin wasa, wanda shi ma kuskure ne, don ta ba su sandar dukanta da hannunta. A 1967 aka sallame ta, aka sa Cindy Birdsong, aka mayar da sunan Diana Ross and the Supremes.

Abin da ya ƙarasa ta shi ne takardar rabuwa. Ta karɓi kusan dala 140,000 a dunƙule, ta yafe duk wani kaso na gaba, ta kuma yarda ba za ta tallata kanta da sunan Supremes ba. Sunan da ita ta zaɓa da bakinta. Waƙoƙi biyun da ta fitar ita kaɗai a 1968 ba su je ko'ina ba, kuɗin suka salwanta a hannun lauyan da ta damƙa wa, ta kai Motown ƙara ta faɗi, ta rasa gidanta, ta koma karɓar tallafin gwamnati da 'ya'yanta mata uku. Ta rasu a Fabrairun 1976 tana da shekara 32. Ƙungiyar ta kai waƙa 12 matsayi na ɗaya a jadawalin Amurka, kuma 10 daga cikinsu an yi su ne tana ciki.

Ba ita kaɗai ba ce. TLC sai da suka sayi haruffa ukun sunansu da kuɗi daga hannun Pebbles. A Ingila, Mutya Buena da Keisha Buchanan da Siobhán Donaghy ne suka fara Sugababes a 1998. Ɗaya bayan ɗaya suka fita ana cike gurbinsu, har ya zamana a 2009 babu ko ɗaya daga cikin na asali, amma suna na nan yana ci. Da suka sake haɗuwa a 2012 dole suka fito da sunayen yankansu, sai a 2019 suka iya komawa Sugababes. Maganin wannan shi ne a yi wa sunan rajista tun ba a san shi ba, lokacin da ba wanda zai yi faɗa a kansa, a ƙarƙashin kamfanin da ku mawaƙan ne masu hannun jarinsa. A rubuta abin da wadda ta fita za ta samu, da ko tana da damar cewa ita tsohuwar 'yar ƙungiya kaza ce. Kada ki taɓa sayar da kason gaba saboda kuɗin yau a ranar da ranki yake ɓace. Ranar fushi ba ranar sa hannu ba ce.

Wani kuskuren da ba a cika gani ba shi ne zama mai rerawa kawai. Kuɗin waƙa kashi biyu ne: na wanda ya mallaki sautin da aka naɗa, da na wanda ya tsara baiti da karin. Na biyun ne ke bin mutum har tsufa, kuma ba ruwansa da ko an kore ki. 'Yan ƙungiyar Spice Girls ta Ingila sun gane wannan da wuri. Bob da Chris Herbert ne suka tara su ta hanyar sanarwar jarida a 1994, amma da suka ga take-taken yarjejeniyar ba su yi musu ba, a 1995 suka kwashe faifan gwajinsu suka yi gaba tun ba su sa hannu ba. Daga baya suka tsaya kai da fata sunan su biyar ɗin ya shiga cikin marubutan waƙoƙinsu, a raba daidai. Kandi Burruss ta ƙungiyar Xscape ta ma fi ba ni sha'awa. Ita da Tameka Cottle suna cikin waɗanda suka rubuta wa TLC "No Scrubs" a 1999. Bayan shekara 18, da aka ji karin "Shape of You" ta Ed Sheeran ya yi kama da ita, sai aka ƙara sunayensu a cikin marubutanta. Suna zaune a gida arziki ya ƙwanƙwasa ƙofa. Ki koyi rubutu, in kuma kin sa ko layi biyu ne a waƙa, a rubuta kason kowa a takarda a ranar, kafin a kashe fitilar situdiyo.

Fita ma tana da nata ladabin. Geri Halliwell ta bar Spice Girls a ƙarshen Mayun 1998 ana tsakiyar rangadi. Kamfanin babura na Italiya, Aprilia, wanda ya ɗauki nauyin rangadin bisa hoton mutum biyar, ya ce an san za ta tafi aka ɓoye masa, kotu kuma ta ba shi gaskiya. Kwatanta da ƙungiyar Blackpink ta Koriya ta Kudu: a ƙarshen 2023 suka sabunta yarjejeniyar ƙungiya da kamfaninsu, YG, amma kowace ta riƙe harkarta ta ƙashin kai, Jennie da Lisa har suka buɗe nasu kamfanonin. Sun ci gajiyar ƙa'idar da hukumar kula da adalcin kasuwanci ta ƙasar ta kawo a 2009, wadda ta tsayar da irin wannan kwantiragi a shekara 7. Inda babu irin wannan ƙa'ida, ke za ki sa wa'adin da kanki. Kuma kada ki auna fitarki da ta Beyoncé. LeToya, wadda aka sallama ta talabijin, ta yi shekara shida tana haƙuri kafin kundinta na farko ya hau matsayi na ɗaya a Amurka a 2006.

Lafiya kuwa, a taƙaice: kada a ɓoye ciwo don gudun a ce kin zama kaya. T-Boz ta yi shekaru tana kwanciya asibiti kafin ta fito ta faɗi sikilarta, Jesy Nelson ta bar ƙungiyar Little Mix ta Ingila a Disamban 2020 bayan zagin intanet ya taɓa mata lafiyar ƙwaƙwalwa. A sa inshora da kwanakin hutu a cikin takarda, kamar yadda ake sa kaso.

Abin da ya sa na zauna rubuta wannan, watan jiya ne ɗiyar ƙanwata ta turo mini hotunan takarda shafi huɗu ta WhatsApp. Ita da ƙawayenta biyu suna yi wa mawaƙa amshi a wani situdiyo, ana sallamarsu da kuɗin mota da ɗan na kati, sai wani ya ce zai mayar da su ƙungiya, har ya raɗa musu suna. Hotunan a karkace, inuwar yatsarta ta rufe rabin shafi na uku. Na ce ta sake ɗauka. A daidai inda yatsan ya rufe aka rubuta cewa sunan ƙungiya da duk abin da aka naɗa mallakarsa ne har abada, wa'adi shekara 10, kuma yana da ikon sauya kowace a cikinsu duk lokacin da ya ga dama.

Na kira ta. Ta ce, "Kawu, wallahi mutumin kirki ne, har waya ya ce zai saya mana."

Na ce, "'Yata, ban ce mugu ba ne. Wayar kyauta ce ko bashi? Duba shafi na biyu, layi na ƙarshe."

Ta yi shiru, ina jin ƙarar takarda. Can ta ce, "An ce za a cire."

Suka je suka roƙe shi mako ɗaya su kai wa lauya. Ya ce tayin zai ƙare ranar Juma'a, akwai wasu 'yan matan a layi. Juma'a huɗu ke nan sun wuce, shekaranjiya ya sake kiranta yana tambaya ko lauyan ya gama dubawa.