Kurakuran da ke ɓata fim ɗin dokumentari tun kafin a zauna tacewa

Sabon furodusa yakan zuba kuɗinsa a kyamara ya bar sauti a baya. Mai kallo kuwa zai jure hoto mai ɗan duhu, amma da murya ta fara amsa-kuwwa sai ya wuce. Makirfon jikin kyamara ya fi kwasar hayaniyar ɗaki a kan maganar mutum. A maƙala ƙaramin makirfo a gaban rigar wanda ake hira da shi, santimita 15 zuwa 20 ƙasa da haɓa, inda mayafi ko sarƙa ba za su riƙa gogarsa ba. A saita na'urar ɗaukar sauti a 48kHz (saitin ingancin ɗauka), ma'aunin ƙarfin sauti ya riƙa kaiwa wajen -12dB. In ya taɓa 0 murya ta fashe, kuma manhaja ba ta dawo da ita yadda take. A kashe fanka da firji. Kafin a tashi, kowa ya yi tsit na sakan 30 a ɗauki sautin ɗakin kawai, da shi mai tacewa ke cike gurbin da ya yanke.

Kuskuren da ya fi wannan zurfi shi ne ɗaukar maudu'i a matsayin labari. "Tsadar rayuwa" maudu'i ne. Labari shi ne matar da ke tsaye gaban mai kaya tana lissafi da yatsu, ta mayar da abu biyu ta ɗauki ɗaya. Masana biyar a bayan tebur ba za su riƙe kowa minti 20 ba. A bi mutum ɗaya ko biyu, masani ya shigo inda rayuwarsu ta ta da tambaya. Kuma a guji tambayar da amsarta "e" ce ko "a'a". A ce "yaya aka yi ranar?", in ya gama a ɗan yi shiru, don sau da yawa maganar da ta fi nauyi a nan take fitowa.

Alƙaluma ma ana tuntuɓe a kansu. A ce hauhawar farashi ta sauko daga kashi 30 zuwa 20 cikin ɗari: farashi bai sauka ba, gudun tashinsa ne ya ragu. Furodusoshi da yawa na faɗin akasin haka. Lamba ɗaya a allo a lokaci guda, da shekararta da hukumar da ta fitar.

Fim kan fasaha yana yawan nuna allon waya ko kwamfuta, sai hoton ya riƙa ƙyaftawa. Gara a naɗi allon daga cikin na'urar. Ƙyaftawar fitila kuma, inda wutar lantarki ke bugawa sau 50 a sakan (50Hz) a sa shata, wato saurin buɗewa da rufewar idon kyamara, a 1/50 na sakan, a ƙasashe irin su Amurka 1/60.

Sai batun ɓoye mutum. Dusashe fuska bai isa ba: murya, zobe, tagar gida, duk suna tona shi ga maƙwabta. A ɗauke shi ta baya ko a inuwa, a sauya muryar, a karɓi izini a rubuce, na yaro daga iyayensa.

Kada a goge katin memori sai an yi kwafi uku, ɗaya a wani wuri dabam, an kuma buɗe su an tabbatar suna aiki.