Babi na Shida: Nawa Ne Ainihin Kuɗin Gidan da Aka Saya da Bashin Banki?

Darasi na 1: Ƙirga zubi

Kowa ya ɗauko littafinsa da fensir. Mai waya ya buɗe kalkuleta. Wanda bai san inda take ba ya tambayi na kusa da shi, babu abin kunya, koyo muka zo yi.

Idan ma'aikacin banki ya ce maka, "Malam, Naira 30,000 kawai za ka riƙa biya duk wata, gida ya zama naka," gaskiya ya faɗa, amma bai faɗe ta duka ba. Ragowar ita ce: sau nawa za ka biya wannan 30,000 ɗin, kuma nawa ke nan idan an tara? Abin da za mu koya ke nan a wannan babi, mu iya fitar da wannan jimlar da hannunmu kafin mu sa hannu ko mu dangwala yatsa a takarda.

Kuɗin da banki ya ba ka tun farko shi ne uwar kuɗi. Abin da yake ɗorawa a kai shi ne kuɗin ruwa. Tsawon lokacin da aka ba ka ka gama biya shi ne wa'adi. Gidan da ka saya kuwa jingina ne a hannun banki, takardunsa suna wurinsu har ranar da ka biya kobon ƙarshe.

Ga misalin da za mu yi aiki da shi. Ma'aikatan gwamnati da yawa a cikinku sun ga ana cire musu kashi 2.5 cikin ɗari na albashi da sunan NHF. Wannan shi ne Asusun Gidaje na Ƙasa, an kafa shi da doka a 1992, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, wato FMBN, shi ke kula da shi. Wanda ya yi aƙalla wata shida yana zubawa zai iya neman bashin gida, da kuɗin ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, wa'adi kuma yana iya kaiwa shekara 30. To, a ce wani malamin makaranta ya karɓi Naira 5,000,000, wato miliyan biyar, a kan waɗannan sharuɗɗa. Abin da zai riƙa biya duk wata ya yi kusa da Naira 30,000 ƙwarai, sai mu riƙe 30,000 don sauƙin lissafi.

Yanzu ku natsu, domin a nan ne mafi yawan ɗalibai suke tuntuɓe. An ba da wa'adi da shekara, amma ana biya da wata. Dole ne mu fara mayar da shekarun zuwa watanni. Shekara ɗaya wata 12 ce. Saboda haka shekara 30 ita ce 30 sau 12.

A kalkuleta, danna 3, danna 0. Sai ka danna alamar sau, wadda take kama da gicciye a karkace: ×. Sai 1, sai 2. Sai alamar nan mai layi biyu a kwance: =. Me ya fito? 360. Rubuta shi a littafinka, ka zagaye shi da fensir. Malamin nan zai biya kuɗi sau 360.

Na san dalilin da ya sa wannan mataki yake kuɓucewa. Mun saba biyan kuɗin haya shekara-shekara, sai ƙwaƙwalwa ta ji "shekara 30" ta ɗauka biya 30 ne. Amma ku tuna da adashi. Mai adashi ba ta ƙirga shekaru, zubi take ƙirgawa. Ku ma zubi za ku ƙirga, kuma zubin nan na wata-wata ne.

Mu sake. Shekara 30, sau 12, zubi 360. Ku faɗa da baki. Mu gwada wani: shekara 10 wata nawa ce? 10 × 12 = 120. Shekara 15? 15 × 12 = 180. Shekara 20? 20 × 12 = 240. Wanda ya samu ko biyu daidai, madalla, hannunka ya fara faɗawa. Wanda bai samu ba ya goge ya sake, ba gudu muke yi ba.

Darasi na 2: Jimlar abin da za ka biya

Kafin komai, shekara 30 wata nawa ce? 360. Idan sai da ka leƙa shafin baya, babu laifi, amma ka sake dannawa da kanka: 30 × 12.

Yanzu sai mu ɗauki kuɗin wata mu yi sau da yawan watanni. Danna 3, sannan sifiri guda huɗu. Ƙirga su da yatsa: ɗaya, biyu, uku, huɗu. Wannan ita ce 30,000. Danna ×. Danna 360. Danna =. Za ka ga 10800000. Kada yawan sifirin ya firgita ka. Kwafe shi a littafi, ka faro daga hannun dama, duk bayan lamba uku ka sa waƙafi: 10,800,000. Ana karanta shi miliyan goma da dubu ɗari takwas.

Ya karɓi miliyan biyar, zai mayar da miliyan goma da dubu ɗari takwas. Ɗebe ka gani: 10,800,000 − 5,000,000 = 5,800,000. Wannan shi ne kuɗin ruwa. Ya fi uwar kuɗin ma yawa. Gida ɗaya zai shiga, amma kuɗin gida biyu da 'yan kai zai biya. Kuma ku sani, wannan yana cikin bashin gida mafi sauƙi da ake samu a Najeriya.

Wani zai ce, ai kashi 6 cikin ɗari aka ce, yaya aka yi ya kai haka? Kashi 6 ɗin ba sau ɗaya ake cirewa ba. Kowace shekara ake lissafa shi a kan abin da ya rage maka na bashi, har shekara 30.

Duk lokacin da na duba littattafan ɗalibai a wannan darasi, sai na tarar da amsar nan: 900,000. Daga ina ta fito? Daga 30,000 × 30. An manta da 12. An yi sau da shekaru maimakon watanni. Ga hanyar kama wannan kuskure da kanka: wane banki ne zai ba ka miliyan biyar ya karɓi dubu ɗari tara ya ce kun rabu lafiya? Babu. Muddin amsarka ta gaza kuɗin da aka ranta, to ka tsallake 12. Koma baya. Shekara sau 12 tukuna, sannan kuɗin wata sau abin da ya fito. Mataki biyu ne, kuma na farkon ba ya tsallakuwa.

Haba jama'a! Wasunku suna iya riƙe lissafin buhun masara hamsin a ka, da na dako da na mota, ba tare da kuskuren naira ɗaya ba. Ba ƙwaƙwalwa kuka rasa ba, gaggawa ce take cin ku. Wannan gaggawar ce kuma take sa mutum ya sa hannu a takardar banki don ya ji kunyar a ce ya cika tambaya. Idan ka yi gaggawa a aji, fensir ne zai gyara. A banki kuwa shekara 30 za ka yi kana biyan kuɗin gaggawar. Ku sake yi, a hankali: 30 × 12 = 360. Sannan 30,000 × 360 = 10,800,000. Yauwa. Haka nake so.

Darasi na 3: Ina kuɗin wata yake tafiya?

A watan farko, kuɗin ruwan miliyan biyar shi ne Naira 25,000. Ga yadda aka samu: kashi 6 cikin ɗari na 5,000,000 shi ne 300,000 a shekara, a raba gida 12, ya zama 25,000. Ke nan a cikin 30,000 da malamin ya biya, 25,000 kuɗin ruwa ne, kusan 5,000 kacal ta rage masa bashi. A hankali rabon yake sauyawa, sai bayan ya wuce shekara 18 yana biya ne mafi yawan zubinsa yake fara tafiya ga uwar kuɗi.

Bayan shekara 10, nawa ya biya? Me za mu fara yi? Shekara sau 12. 120. Sannan 30,000 × 120 = 3,600,000. Mutum zai zaci saura kaɗan. A'a. Har yanzu ana bin sa kusan Naira 4,180,000. Ya zuba miliyan uku da dubu ɗari shida, amma bashin bai ragu da ko miliyan ɗaya ba. Wannan ba zamba ba ce, haka tsarin yake, sai dai wanda bai sani ba yakan sha mamaki ranar da ya je neman sayar da gidan ko biyan ragowar gaba ɗaya.

Shi ya sa nake ganin gajeren wa'adi ya fi, ga wanda yake da hali. Miliyan biyar ɗin nan dai, kashi 6 ɗin nan dai, amma shekara 15: kuɗin wata zai kai kusan 42,200. Watanni nawa? 180. 42,200 × 180 = 7,596,000. Ƙarin 12,200 a wata ya hana Naira miliyan uku da dubu ɗari biyu fita daga aljihunsa. Amma na ce ga mai hali. Ƙa'idar da ake bi ita ce kada biyan bashi ya wuce kashi ɗaya cikin uku na albashi. Mai biyan 30,000 yana bukatar albashin 90,000. Mafi ƙarancin albashi da aka sa wa hannu a 2024 kuwa 70,000 ne, kashi ɗaya cikin ukunsa bai kai 24,000 ba. Shekarunka ma suna da magana, domin ana so ka gama biya kafin ritaya. Mai shekara 45 ba zai samu wa'adin shekara 30 ba.

Akwai abu ɗaya da yake taimakon mai bashi, kuma adalci ne in faɗa. Darajar naira tana raguwa, a 2024 hauhawar farashi ta haura kashi 30 cikin ɗari. Idan kuɗin ruwanka a tsaye yake ba ya canzawa, 30,000 ta shekara ashirin masu zuwa ba za ta yi nauyin ta yau ba. Don haka ka tambaya da bakinka: kuɗin ruwan nan a tsaye yake, ko banki yana da ikon ƙara shi? A nuna maka wurin a takarda.

Darasi na 4: Bankin kasuwanci da banki marar kuɗin ruwa

A bankunan kasuwanci, kuɗin ruwa a 'yan shekarun nan yakan haura kashi 20 cikin ɗari. A ce 20 ɗin ce cif, miliyan biyar, shekara 20. Kuɗin wata kusan 85,000. Watanni 240. Jimla 20,400,000, ninki huɗu na abin da aka karɓa.

Da yawanku ba za su taɓa bashin ruwa ba saboda addini. Akwai bankuna irin Jaiz, wanda ya fara aiki a 2012, da TAJBank da ya biyo baya a 2019. Su sukan sayi gidan su sayar maka da ƙarin riba da aka yi yarjejeniya a kai, ko su ba ka haya har ya zama naka. Hukuncin kowane tsari ku tambayi malamai. Lissafin dai bai canza ba: shekara sau 12, sannan kuɗin wata sau watanni.

Darasi na 5: Kuɗaɗen gefe

Akwai kafin alƙalami da wasu bankuna suke nema. Akwai kuɗin lauya, da na mai kimanta gida, da na hatimi, da inshorar gobara da ta rai. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce ba a jinginar da fili mai takardar C of O, wato takardar shaidar mallakar fili, sai da amincewar gwamna, wannan ma da kuɗinsa, a ofisoshin kula da filaye irin KANGIS a Kano ko KADGIS a Kaduna. Ka ce a rubuta maka kowanne, ka tara su a kan jimlarka. Gyaran rufi da famfo kuma yanzu naka ne, babu mai gidan da za ka kira.

Darasi na 6: Idan biya ya gagara

Idan ka daina biya, banki yana da ikon sayar da gidan. Ka je ka same su tun a watan farko da abu ya tsaya. Idan rai ya yi halinsa, bashi ake fara biya kafin a raba gado, saboda haka iyalinka su san da maganar, su san kuma ko akwai inshorar rai a ciki.

Aikin gida

An ranta Naira 5,000,000. Kuɗin wata 35,800, wa'adi shekara 20. Watanni nawa ne? Nawa ce jimla? Nawa ne kuɗin ruwa?

Sake yi da kuɗin wata 32,200, wa'adi shekara 25. A rubuta watannin a layinsu daban, a zagaye su, kafin a taɓa sauran.