Yadda za a warware kuskuren lasisin ServiceStack.Text a manhajar waya

Manhaja tana aiki lafiya a kwamfuta, ana ɗora ta a waya sai ta mutu da kalmar LicenseException. Abin da yawancin masu haɗa manhaja ke yi daga nan shi ne su kwafi makullin lasisin kamfani su liƙa a ko'ina cikin kod ɗin, wai ko za a dace. Sau da yawa makullin ba shi da laifi, wani lokacin ma ba a bukatarsa kwata-kwata. Sunan kuskuren ɗaya ne, amma cututtukan da ke ƙarƙashinsa daban-daban ne, kowace da maganinta.

ServiceStack.Text laburare ne (tarin kod da aka riga aka rubuta don a riƙa amfani da shi) na .NET da ke mayar da bayanai zuwa rubutun JSON, JSV ko CSV, ya kuma dawo da su yadda suke. Ana samunsa da yawa a manhajojin Xamarin da .NET MAUI (tsarukan Microsoft na haɗa manhajar waya) waɗanda ke magana da sabar da aka gina da ServiceStack. Har zuwa siga ta 3.9.71 kyauta yake a ƙarƙashin lasisin BSD. Da siga ta 4 ta fito a ƙarshen 2013 sai aka koma sayarwa, aka bar wa masu amfani kyauta ɗan kaso: nau'in bayanai 20 a Text, tebur 10 a OrmLite (laburarensu na rumbun bayanai), nau'in kira 10 a saba, buƙatu 6000 a kowace awa a laburarensu na Redis. A 2016, daga siga ta 4.0.62, aka cire wa Text wannan iyaka gaba ɗaya. Riƙe lambar nan, 4.0.62, domin ita ce ke raba matsalar gida biyu.

Fara da karanta saƙon da ke can ciki

Binciken lasisin yakan gudana ne a lokacin da wani sashe na laburaren ke tashi karo na farko, don haka abin da ake gani a sama yawanci TypeInitializationException ne, wanda ba ya faɗin komai. Ainihin dalilin yana cikin InnerException, wani lokacin hawa biyu ko uku a ƙasa. Kewaye kiran farko da try da catch, ka buga ex.ToString() gaba ɗayansa, kada ka tsaya a ex.Message. A Android, haɗa wayar da kebul ka buɗe adb logcat, sannan ka tayar da manhajar. A iPhone, manhajar Console ta Mac za ta nuna abin da wayar ke fitarwa.

Abu na biyu, tabbatar da sigar da aka saka a zahiri, wadda kan iya bambanta da wadda kake tsammani. A sababbin ayyuka (project) ka rubuta:

dotnet list package --include-transitive

A tsofaffin ayyukan Xamarin ka buɗe packages.config na kowane aiki, na Android, na iOS da na kod ɗin da suke rabawa. Dole duk ƙunshin (package) da sunansa ya fara da ServiceStack ya kasance siga ɗaya. Text na siga ɗaya da Client (ƙunshin da ke kiran saba) na wata siga sananniyar hanyar jawo wa kai wahala ce.

In saƙon ya ce an kai iyakar kyauta

Saƙon yana farawa da "The free-quota limit on", lambar da ke biye da shi kuma ita ce shaidarka. In ya ambaci 20 da ServiceStack.Text, to kana kan siga ta 4 wadda ta girmi 4.0.62. Wannan kuskure yana da ban haushi saboda ba ya fitowa da wuri. Laburaren yana ƙirga nau'o'in bayanan da aka sarrafa tun tashin manhajar, sai an zo na 21 yake tsayar da aiki. Mai gwaji da ya buɗe shafi uku ya rufe ba zai taɓa ganinsa ba, amma mai amfani da ya daɗe yana yawo cikin manhajar zai gamu da shi, kuma a shafi daban kowane lokaci. Ƙirgar tana haɗawa da nau'o'in da ke cikin wasu nau'o'in, shi ya sa ashirin take cika da wuri fiye da yadda ake zato.

Akwai wani abin da ke ƙara rikita mutane. Ko a waccan tsohuwar siga, iyakar ba ta shafi kiran da ke bi ta JsonServiceClient ba. Manhaja za ta iya aika nau'i ɗari zuwa saba ba tare da ƙorafi ba, amma ranar da wani ya fara kiran ToJson() ko FromJson() kai tsaye don ajiye bayanai a waya, ƙirga ta fara. In kuskuren ya ɓullo bayan an ƙara ajiyar bayanai don amfani ba intanet, nan za ka duba.

Magani shi ne ɗaga duk ƙunshin ServiceStack zuwa 4.0.62 ko sama, a goge foldojin bin da obj na kowane aiki, a cire tsohuwar manhajar daga wayar, a sake haɗawa. Saƙon kuskuren yana ba da shawarar komawa siga ta 3. Kada ka bi ta. An daina kula da ita shekaru da yawa, kuma sunayen wurare da dama a cikin kod sun canza tsakanin 3 da 4.

In kuwa lambar da ke saƙon 10 ce tare da OrmLite, ɗaga siga ba zai taimaka ba, domin wannan iyakar tana nan. Manhajar tana amfani da OrmLite a kan SQLite da tebur fiye da goma, kuma sai lasisi ko canza laburaren ajiya. Tun siga ta 6 a 2022 kamfanin yana ba ɗaiɗaikun mutane da ayyukan buɗaɗɗen kod lasisi kyauta, sai a karanta sharuɗɗan a ga ko aikinka ya shiga.

In akwai makulli amma kamar ba a ga shi ba

A saba, ana saka makullin a Web.config ƙarƙashin servicestack:license, ko a environment variable mai suna SERVICESTACK_LICENSE, laburaren ya ɗauka da kansa. Waya ba ta da ko ɗaya daga cikin biyun. Wanda ya kwafi App.config zuwa aikin waya ya kwafi fayil ɗin da babu mai karanta shi. Dole a yi rajistar a cikin kod:

Licensing.RegisterLicense(makulli);

Wurin da aka saka layin nan ya fi komai muhimmanci, domin dole ya gudana kafin kowane kiran ServiceStack. A MAUI, layin farko na CreateMauiApp() cikin MauiProgram. A Xamarin.iOS, cikin FinishedLaunching kafin LoadApplication. A Android kuwa mutane sun saba saka shi a MainActivity, kuma nan ne tarkon yake. Android yana iya tayar da manhaja ta hanyar sanarwa, ko aikin bayan fage, ko BroadcastReceiver, ba tare da ya taɓa MainActivity ba. Sakamakon shi ne manhaja mai aiki idan an buɗe ta da hannu, mai mutuwa idan sanarwa ta shigo da dare. Ƙirƙiri ajin da ya gaji Application, ka saka rajistar a OnCreate nasa.

Duba kuma filayen static. In wani aji yana da fili na static da ke kiran FromJson() ko ke taɓa JsConfig, yana iya riga layin rajistar gudana duk da cewa a ido layin ne a sama.

Sai batun karanta makulli daga fayil. RegisterLicenseFromFile yana neman fayil na gaske a kan faifai, alhali abin da aka saka cikin Assets na Android yana ƙunshe ne cikin APK, wato fayil ɗin manhajar, ba shi da adireshin da za a buɗe kai tsaye. Ɗan'uwansa RegisterLicenseFromFileIfExists ya fi shi haɗari: in bai ga fayil ba, shiru yake yi ya wuce, manhajar ta ci gaba a matsayin ta kyauta har ta buga iyaka. A MAUI, saka fayil ɗin a Resources/Raw, ka buɗe shi da FileSystem.OpenAppPackageFileAsync, ka karanta rubutun, ka miƙa wa RegisterLicense. Don tabbatarwa, buga abin da LicenseUtils.ActivatedLicenseFeatures() ya dawo da shi nan take bayan rajista.

In ya ce lasisi ya ƙare

Iri biyu ne. Lasisin gwaji yana mutuwa da kwanan wata, kuma agogon wayar yake dubawa. Lasisin da aka saya ba haka yake ba: ana kwatanta ranar ƙarewarsa da ranar da aka fitar da sigar laburaren, shi ya sa saƙon ke cewa bai dace da "this release" ba. Ma'ana, makullin da ya ƙare bara zai ci gaba da aiki har abada da duk sigar da ta fito kafin ya ƙare. Abin da ya faru shi ne wani ya danna sabunta duk ƙunshi a NuGet, ma'ajiyar ƙunshin .NET, ko kuma an rubuta lambar siga da alamar tauraro a fayil ɗin aikin, sabar haɗawa ta jawo sabuwa da kanta. Ko dai a sabunta lasisin, ko a koma siga ta ƙarshe da ta fito kafin ranar, a rubuta lambarta cikakkiya.

In ya ce makullin ba shi da inganci

Nan ne aikin yake. Makullin yana da sassa biyu: lambar abokin ciniki, sai alamar (-), sai dogon rubutun Base64. Laburaren yana warware rubutun zuwa wani ƙaramin aji mai suna LicenseKey, ya duba sa hannun RSA da ke ciki. Duk abin da ya lalata ɗaya daga cikin matakan nan zai ba da saƙo iri ɗaya.

Fara da mai sauƙi. Sake kwafo makullin daga shafin asusunka kai tsaye, kada ka ɗauko wanda ya bi ta WhatsApp ko Word ko imel, inda harafi kan ɓace ko alamar (-) ta canza kama. Tabbatar lambar farko da alamun daidai (=) na ƙarshe, in akwai su, suna nan.

In makullin yana aiki a Debug (haɗin gwaji) amma yana faɗuwa a Release (haɗin da ake fitarwa), kusan tabbas linka (linker) ce. Linka ita ce ke aske duk kod ɗin da take ganin babu mai kiransa don manhaja ta yi sauƙi. Matsalar ita ce ServiceStack.Text yana gano filayen aji ne a lokacin gudu, hanyar da linka ba ta iya hangowa. Sai ta aske sassan LicenseKey, makulli mai kyau ya warware zuwa fanko, binciken ya faɗi. Gwajin minti biyar zai raba gardama: kashe linka gaba ɗaya, wato AndroidLinkMode ko MtouchLink ya zama None, ka sake haɗa Release. In kuskuren ya tafi, ka kama ɓarawon.

Kada ka bar ta a kashe, girman manhajar zai kumbura, kuma mai saukewa da ɗan datarsa shi zai biya. Mayar da ita SdkOnly, wanda ke aske kayan tsarin kawai ya bar ƙunshin waje. In lallai sai Full, ka keɓe laburaren. A Xamarin.Android ka saka ServiceStack.Text;ServiceStack.Client;ServiceStack.Interfaces cikin AndroidLinkSkip. A Xamarin.iOS ka ƙara --linkskip=ServiceStack.Text cikin MtouchExtraArgs, ɗaya ga kowane ƙunshi. A MAUI:

<TrimmerRootAssembly Include="ServiceStack.Text" />

Ka yi wa aikin da ke ɗauke da nau'o'in bayananka haka shi ma, in ba haka ba lasisi zai wuce amma JSON ya riƙa fitowa fanko.

Saƙonni biyu suna kama da na lasisi alhali ba su ba ne. Na farko "PclExport.Instance needs to be initialized", wanda ke fitowa a siga ta 4 idan an saka ƙunshin a aikin da ake rabawa kawai. Saka ServiceStack.Client a aikin Android da na iOS su ma, ka kira AndroidPclExportClient.Configure() ko IosPclExportClient.Configure() kafin komai, har kafin rajistar lasisi. Na biyu "Attempting to JIT compile method" a iPhone ta gaske. Apple ba ya barin manhaja ta ƙirƙiri kod tana cikin gudu, kwaikwayon waya (simulator) na Mac kuwa ba ya nuna wannan, shi ya sa gwaji a kansa kaɗai yaudarar kai ne. A MAUI, saka UseInterpreter ya zama true yakan warware shi.

Shin makullin ma ya kamata ya shiga waya?

In abin da manhajar ke amfani da shi Text ne da Client kawai, a siga ta 4.0.62 ko sama, goge layin rajistar. Ba a bukatarsa, kuma barinsa yana jawo illa biyu. Makullin da ya ƙare zai kashe manhajar da za ta yi aiki lafiya ba shi. Sannan duk wanda ya sauke APK ya buɗe shi da ILSpy ko makamancinsa zai iya ciro makullin kamfaninku. Sau da yawa layin yana shigowa waya ne ta wani aikin da saba da waya ke rabawa, sai a mayar da shi ɓangaren saba kawai.

Microsoft ya daina tallafa wa Xamarin ranar 1 ga Mayu 2024, don haka wanda ke ƙaura zuwa MAUI yana iya amfani da damar ya koma System.Text.Json, mai lasisin MIT, wanda da JsonSerializerContext yake samar da kod ɗinsa tun lokacin haɗawa, linka ba ta da abin askewa. Sai dai a kula da bayanan da ke ajiye a wayoyin mutane tuni. ServiceStack.Text yana rubuta kwanan wata a tsarin /Date(…)/ sai in an saita JsConfig.DateHandler zuwa ISO8601, yana rubuta enum da suna maimakon lamba, yana tsallake filayen null, kuma bai damu da babban baƙi ko ƙarami ba wajen karantawa. System.Text.Json ya saɓa masa a duka huɗun. Ɗauko fayil ɗin ajiya daga wayar da ke da tsohuwar manhajar, ka gwada karanta shi da sabon kod kafin a tura sabuntawa zuwa Play Store ko App Store.