Gina mahangar wasu duniyoyi a labarin almara: inda marubuta ke tuntuɓe

Labaran almara da matasa ke rubutawa yanzu sun fara yawaita da wani irin wuri: kan tsauni, ko bakin tafki, ko cikin kogo, inda jarumi zai tsaya ya hango wata duniya da ba tamu ba. Tunanin yana da daɗi ƙwarai, kuma ina ɗokin ganin ya bunƙasa a Hausa. Sai dai sau da yawa wurin da ya kamata ya riƙe labarin shi ne ke fara rushewa, tun kafin a kai babi na uku.

Babban kuskuren shi ne a bar mai leƙen ya ga komai tar. Ya hau dutse, hazo ya yaye, sai ga wancan gari da kasuwarsa da sarkinsa, har yana jin hirar da ake yi a fada. To me ya rage na mamaki? Wanda ke leƙen duniyar da ta fi tasa fuskoki ba zai taɓa ganinta cikakkiya ba, yanki kawai zai gani. Mu muna da fuskoki uku: tsawo, faɗi da zurfi. A 1884 wani malamin makaranta a Ingila, Edwin Abbott, ya rubuta labarin wasu halittu masu fuskoki biyu kacal, shimfiɗaɗɗu. Da ƙwallo ta ratsa duniyarsu, abin da suka gani ɗigo ne, ya zama da'ira, da'irar ta yi ta girma, ta dawo tana ƙanƙancewa, ta ɓace. Gwada shi da kanka a gida. Tsoma yatsunka biyar a kwanon ruwa, ka ƙaddara akwai wata halitta da ba ta san komai ba sai saman ruwan nan. Ita a wurinta baƙi biyar ne suka bayyana, kowanne da girmansa, suna motsi tare ba tare da ta ga abin da ya haɗa su ba. Ka ƙara nutsa hannun, sai ta ga su biyar ɗin sun narke sun zama abu guda. Haka ya kamata jaruminka ya gani. Ka bar shi ya yi kuskuren fassara, ya ɗauka mutum biyar ne alhali hannu ɗaya ne, ya koma gari ya ba da labarin da bai inganta ba. Daga nan rikicin labari ke tsirowa, kuma mai karatu zai riƙa lissafi tare da shi.

Akwai kuma masu cakuɗa nisa da wata fuska. Duniyar da ke bayan taurari nesa take, amma da za a sami abin hawa da isasshen lokaci ana iya zuwa. Wata fuska kuwa tana iya kasancewa dab da hancinka ba ka da hanyar juyawa gare ta. Zaɓi ɗaya ka tsaya a kai. In nisa ka zaɓa, ka tuna haske ma tafiya yake yi: na rana yana ɗaukar kusan minti 8 kafin ya iso mana, na tauraron da ya fi kusa da mu bayan rana kuwa sama da shekara 4. Ke nan mai hangen abin da ya riga ya wuce yake kallo. Yarinyar da ya gani tana neman agaji wataƙila ta tsufa.

Wanda ya fi damuna shi ne aron ƙasa. Marubuci ya taso a Gumel ko Maraɗi, amma mahangarsa cike take da dusar ƙanƙara da dogayen gidajen dutse masu tsini, irin waɗanda ya gani a fim. Ba laifi ba ne, amma ba ka san ƙamshin wurin ba, shi ya sa bayanin ke fitowa salam. Alhali ga duwatsun Kufena a Zariya, ga rairayin Tenere a Nijar inda za ka duba gabas da yamma babu ko itace, ga tsohuwar kuka mai rami a ciki, ga hazon hunturu da ke mayar da rana farar tasa har ka iya kallonta ido da ido. Kuma tunanin kansa ba baƙo ba ne a wurinmu. Kundin tarihin Kano ya kawo labarin Barbushe, wanda ke zaune a kan Dala, da wurin Tsumburbura, abin bautar mutanen wancan zamani, wanda aka kewaye da katanga. Shi kaɗai ke shiga, wanda duk ya shiga ba shi ba mutuwa zai yi, kuma a wasu ranaku ƙayyadaddu na shekara yake fitowa ya faɗa wa jama'a abin da ya ce zai faru. Dubi yadda aka ɗaure wurin: mutum ɗaya, lokaci sananne, hukunci mai tsanani.

Wannan ɗaurin ne mafi yawan sababbin labarai suka rasa. Kowa na iya hawa, a kowane lokaci, ya sauko lafiya ƙalau ya ci tuwonsa. Sa wa leƙen farashi. Wataƙila duk wanda ya duba sai ya manta fuskar mutum ɗaya da ya sani. Wataƙila tafkin ba ya buɗewa sai ranar da aka yi ruwan farko na damina, kuma na can ma suna ganin mai leƙen. Duk dokar da ka kafa, rubuta ta a gefe ka riƙa dubawa, domin masu karatu ba sa yafe wa marubucin da ya karya dokarsa don ya fitar da jarumi daga matsala.

A yi hattara da iyakar addini. Wasu garin neman burgewa sai su sa mahangar tana nuna barzahu, ko Aljanna da wuta, ko ranar mutuwar wani. Mai karatu Musulmi zai tsaya nan take, domin gaibu na Allah ne, kuma maganar za ta bar kan labarin ta koma kan imanin marubucin. Ƙirƙiri duniyarka, ka ba ta sunanta da halittunta, ta yadda kowa zai san almara ce.

Sai dogon bayani. Tsoho mai farin gemu ya zaunar da jarumi, shafi huɗu yana koya masa yadda wurin ke aiki. Yanke shi. Bar yaron ya hau da kansa, ya lura inuwarsa ta faɗi ɓangaren da rana take, ya ga akuyar da ta biyo shi ta kafe ta ƙi ƙara taku ɗaya, ya jefa tsakuwa a ruwan bai ji ƙararta ba. Tsohon ya yi magana daga baya, jimla biyu, bayan yaron ya riga ya tsorata.